Yaya furodusa ke kai fim Cannes ko Berlin, kuma me yake ci a ciki?

Ɗan Fagge:

Assalamu alaikum jama'ar zaure. Tambaya ce da ni ga masana harkar fim. A 2025 an yi ta yayata cewa *My Father's Shadow* ya zama fim na farko daga Najeriya da ya shiga jerin zaɓaɓɓun fina-finan bikin Cannes na ƙasar Faransa. Kowa darakta yake yabo, ban ji wanda ya yi bayanin aikin furodusoshin ba. A wajenmu furodusa shi ne mai kuɗi, ko wanda ya samo mai kuɗi: ya biya marubuci, ya kira darakta, a fita lokeshan, a dawo a tace, a saki. To a can ma haka abin yake? Idan mutum ya gama fim ɗinsa, fom kawai zai cike ya biya kuɗin rajista ya jira sa'a, ko akwai wata ƙofa da ba mu sani ba? Kuma tunda na ji bikin ba ya sayen fim, ta ina kuɗin furodusa ke fitowa? Bayani dalla-dalla nake so, ba na "ka dage, Allah zai dafa" ba.

Malam Na-Sinima:

Wa alaikumus salam. Fom ɗin gaskiya ne, akwai shi, kuma ana kallon abin da aka turo. Amma ka yi lissafi: dubban fina-finai ake turawa Cannes duk shekara, babbar gasar kuma ba ta wuce fim ashirin da 'yan kai, sashen Un Certain Regard inda *My Father's Shadow* ya shiga shi ma kusan ashirin ne. Yawancin waɗanda ake ɗauka, masu zaɓen sun san da zamansu tun suna kan takarda. Ba ƙofar baya ba ce, ƙofar gaba ce, sai dai ana fara layinta shekara uku ko huɗu kafin a kunna kyamara, kuma furodusa ne ke tsayawa a layin.

Idan kana son ganin yadda wannan sana'a take daga tushe har reshe, dubi Dora Bouchoucha ta Tunisiya. Kamfaninta, Nomadis Images, tun tsakiyar shekarun 1990 yake aiki. A 1997 ta kafa Sud Écriture, wani zaman bita inda marubutan Afirka da ƙasashen Larabawa ke kawo labaransu a warware su a sake ɗinkewa. Ta shugabanci bikin fina-finan Carthage a 2008 da 2010 da 2014, bikin da tun 1966 ake yin sa. Ta kuma shugabanci kwamitocin asusun Faransa da ke tallafa wa fina-finan ƙasashen waje, wato Fonds Sud da magajinsa Aide aux cinémas du monde. Ka ga ta zauna a kujera uku: ta mai neman kuɗi, ta mai raba kuɗi, da ta mai zaɓen fim. Wanda ya zauna a nan ya san abin da kowane ɓangare ke dubawa kafin ya ce eh.

Abin da ya fi koyarwa a tarihinta shi ne yadda take riƙe darakta. Mohamed Ben Attia gajerun fina-finai ya yi ta yi a hannunta shekaru kafin ya yi dogo. Da dogon ya zo, wato *Hedi* a 2016, sai ta haɗa hannu da kamfanin 'yan'uwan nan biyu na Beljiyam, Dardenne, waɗanda sau biyu suna cin babban kambun Cannes. Fim ɗin ya shiga babbar gasar Berlin, Majd Mastoura ya ci kambun gwarzon jarumi, fim ɗin kuma ya ci kyautar fim na farko mafi kyau, wadda ke zuwa da yuro 50,000 da ake rabawa tsakanin darakta da furodusa. A 2017 aka kira ta cikin alƙalan gasar Berlin ɗin. Fim na biyu na Ben Attia, *Weldi*, ya tafi Cannes a 2018, sashen Quinzaine, wani kuma ya tafi Venice a 2023. Darakta ɗaya, furodusa ɗaya, manyan bukukuwa uku. Jarinta a nan ba kuɗi ba ne, amana ce: idan ta ce wa mai zaɓe "ina da abin da ya kamata ka gani," zai ware awa biyu.

Matakan, a taƙaice, haka suke tafiya. Furodusa ya fara mallakar haƙƙin labarin a rubuce. Shi da darakta su yi gajeren fim ɗaya ko biyu da zai zaga ƙananan bukukuwa, don babu asusun da zai ba da kuɗi ga wanda ba a ga hannunsa ba. Akinola Davies Jr., daraktan *My Father's Shadow*, ma da gajeren fim ɗinsa *Lizard* ya fara cin kyauta a Sundance a 2021. Daga nan a shiga zaman bita da kasuwannin haɗin gwiwa: Durban FilmMart a Afirka ta Kudu, Ouaga Film Lab a Wagadugu, Atlas Workshops a Marrakesh, Berlinale Talents, CineMart na Rotterdam, da La Fabrique Cinéma da ake yi a Cannes, wanda ke ɗaukar ayyuka goma a shekara, kowanne darakta da furodusansa tare. A irin waɗannan wurare ana ba ka teburi da jadawali, mutane na zuwa ɗaya bayan ɗaya, kowa kamar rabin awa. A nan ake samun abokin haɗin gwiwa, a nan dillalai da masu zaɓe ke rubuta sunan aikinka a littafinsu.

Wani ɗan abin lura: a Cannes darakta ake miƙa wa kambun, amma a Berlin, babban kambun na furodusoshin fim ne a ƙa'ida.

Hajiyar Lissafi:

Malam ya yi bayanin hanya, bari in taɓa aljihu, don nan ne ake yawan yin kuka.

Irin waɗannan fina-finai ba mutum ɗaya ke zuba musu kuɗi ba. Kasafin tamkar zanen faci ne, ƙyalle daga nan ƙyalle daga can, wani lokaci wuri takwas ko goma. Asusun Hubert Bals na Rotterdam yana ba da har yuro 10,000 don gyaran labari da share fage. World Cinema Fund na Berlin, wanda aka kafa a 2004, yana tallafa wa ɗauka. Akwai Sørfond na Norway, akwai Doha Film Institute, akwai Red Sea Fund na Saudiyya, masu fim ɗin gaskiya kuma suna da IDFA Bertha Fund. Wanda ya gama ɗauka kuɗin tacewa ya yanke masa, akwai Final Cut in Venice da Takmil na Carthage, inda ake nuna fim ɗin da ba a kammala ba, a ba da kyautar gyaran launi, ko haɗa sauti, ko fassara.

Sai dai kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Kuɗin Faransa ba kai za ka nema ba, kamfanin Faransa da kuka ƙulla yarjejeniya da shi ne zai nema, kuma kaso mai tsoka, rabi ko fiye, a can za a kashe shi. Sørfond ma sai da furodusa ɗan Norway. Shi ya sa za ka ga an ɗauki fim a Njamena ko Bamako amma an haɗa sautinsa a Paris. Najeriya da Faransa sun sa hannu a yarjejeniyar haɗin gwiwar shirya fim a 2020, amfaninta shi ne fim ɗin zai iya zama ɗan ƙasa a ƙasashen biyu, ya ci moriyar tallafin kowacce. Irin waɗannan yarjejeniyoyi kan gindaya mafi ƙarancin kason ƙaramin abokin tarayya, yawanci kashi 10 zuwa 20 cikin ɗari na kasafi. Kuskuren da ake yi shi ne furodusan gida ya zo hannu rabbana, ba shi da ko sisi daga ƙasarsa. Sai a wayi gari labarin nasa ne, daraktan nasa ne, amma kashi 80 na mallakar fim ɗin yana hannun baƙi, har da ikon yanke hukuncin ƙarshe a tacewa. Maganinsa shi ne ka sa wa duk abin da ka kawo farashi a takarda: haƙƙin labari, kuɗin da aka kashe a rubutu, kayan aikin da aka ba ka aro, lokeshan da aka ba ka kyauta, ladanka da ka jinkirta karɓa. Duk jari ne, idan an rubuta.

Wani ramin kuma, tallafi ba ya zuwa dunƙule. Kashi-kashi ake sakinsa: wani a sa hannu, wani a ranar fara ɗauka, na ƙarshe sai an miƙa fim da rahoton kashe kuɗi da rasit-rasit. Ma'aikata kuwa ba za su jira ba. Dole a yi jadawalin shige da ficen kuɗi mako-mako, a san inda za a ci bashi a cike giɓi, a kuma ware kashi 10 cikin ɗari na ko-ta-kwana. Wanda ke karɓar yuro yana kashe naira ya sa canjin kuɗi a lissafinsa, don tsakanin ranar alkawari da ranar biya komai na iya faruwa.

Yanzu ga tambayarka ta ina kuɗi ke fitowa. Gaskiya ne biki ba ya sayen fim, babban kambun Cannes ma babu ko kwabo a tare da shi. Bikin rumfa ce kawai. Cinikin a kasuwa ake yi: Marché du Film a Cannes, mai tara fiye da mutum dubu goma, da European Film Market a Berlin. Mai sayarwa kuma dillalin ƙasa da ƙasa ne, irin su The Match Factory, mk2 ko Films Boutique, shi ke yanka duniya ƙasa-ƙasa yana sayar wa masu rarrabawa. La'adarsa yawanci kashi 15 zuwa 25 cikin ɗari ce. Ga misali na lissafi kawai: a ce an yi cinikin yuro 200,000. Dillali ya cire la'ada kashi 20, saura 160,000. Ya cire kuɗin talla da tafiye-tafiye, a ce 50,000, saura 110,000. Ya cire kafin alƙalamin da ya ba ka tun farko, a ce 30,000, saura 80,000. Wannan ne za a fara biyan masu jari da shi, abin da ya rage ku raba da abokan tarayya gwargwadon kason kowa. Shi ya sa a kwantiragin dillali abu uku ake kafewa a kai: a sa wa kuɗin tallan iyaka da ba zai wuce ba sai da izininka, a taƙaita shekarun yarjejeniyar, a kuma cire Najeriya ko Afirka ta Yamma daga hannunsa idan kai ka fi shi sanin kasuwar.

Saboda haka furodusan da ya san aikinsa ba ribar ƙarshe yake jira ba. Ladansa da kuɗin gudanar da ofishinsa suna cikin kasafin tun farko, layi ne kamar na mai kyamara. Ranar da kasafi ya gaza, wannan layin ake fara yankewa, abin takaici.

Edita Titin Zoo:

Ni abin da ke kashe fim bayan an so shi zan faɗa.

Na farko takardun mallaka. Dillali da kamfanin inshora za su nemi silsilar haƙƙi tun daga wanda ya fara ƙirƙirar labarin: yarjejeniya da marubucin littafi idan daga littafi aka ɗauko, ta marubucin fim, ta darakta, ta kowane jarumi, da izinin masu gidajen da aka yi ɗauka. "Mun yi magana da shi, ya yarda" ba takarda ba ce. Sannan jerin kiɗa: kowace waƙa, minti nawa da daƙiƙa nawa, wa ya rubuta, wa ya mallaki faifan. Karin waƙar da aka aro daga fim ɗin Indiya, ko labarin da aka juyo ba izini, nan take yake rufe ƙofa. Ko rediyon mai shayi da ke tashi a bayan fage, idan ana jin waƙar, sai an biya ko an cire.

Na biyu sauti, kuma shi ya fi hoto kayar da mu. A ɗakin sinima mai kujeru dubu, gurnanin janareta da ba ka ji a waya ba zai cika kunne kamar jirgi. A ja janareta nesa da doguwar waya, kowane jarumi da ƙaramin makirufo a jikinsa ban da na sanda, kuma kafin a tashi daga kowane wuri kowa ya yi tsit a ɗauki shirun ɗakin na minti ɗaya, da shi ake cike giɓi a tacewa. A ajiye magana daban, kiɗa daban, ƙarar abubuwa daban. Masu saye a Jamus ko Italiya za su nemi sautin da babu magana a ciki don su ɗora harshensu. Idan an riga an dama komai wuri ɗaya, sai an sake ƙirƙirar takun ƙafa da ƙarar ƙofa ɗaya bayan ɗaya, kuɗi ne mai yawa.

Na uku hoto. Sinima da DCP take aiki, wato kunshin fayilolin fim da injin haskawa ke karantawa, hoto 24 a daƙiƙa ne aka fi sabawa da shi, girman 2K kuma 1998 da 1080 ne, ko 2048 da 858 ga mai faɗi, sauti 5.1. Wutarmu tana bugawa sau 50 a daƙiƙa, don haka wanda ya ɗauka a 24 bai saita shatar kyamara a 1/50 ba zai ga fitilu na ƙyaftawa, janareta mara daidaito kuma ya ƙara dagula abin. A yanke shawarar 24 ko 25 kafin ranar farko, kada a gauraya. Kuma a gwada DCP ɗin a sinima ta gaske, daga farko har ƙarshe, kafin a tura. Idan an kulle shi da mabuɗin KDM, a duba ranaku da agogon ƙasar da za a nuna, an sha ganin mabuɗi ya ƙi buɗewa saboda bambancin awa.

Na huɗu fassarar ƙasan allo. Layi biyu, kowanne kusan harafi 40, ya daɗe yadda ido zai karanta. Cannes na son Faransanci a jikin fim, Turanci a ƙaramin allo ƙasa. Mai fassarar Faransanci kuwa daga Turancinka zai juya, don haka duk kuskuren da ke ciki zai haihu. Alƙalin da ba ya jin Hausa, wannan rubutun shi ne labarin a wurinsa. Habaici da zaurance da karin magana sai wanda ya iya harsunan biyu sosai, ba yaron ofis da aka ba kwana biyu ba.

Ɗan Fagge:

Na gode ƙwarai, Allah ya ƙara basira. To idan fim ya riga ya hau YouTube, ko an haska shi a sinima a Kano, shi ke nan an rasa?

Malam Na-Sinima:

YouTube ya kashe maganar manyan bukukuwa, ko da ka sauke shi daga baya. Ƙa'idar Cannes ita ce fim ya zama na cikin watanni 12 da suka wuce, ba a nuna shi a wani bikin ƙasa da ƙasa ba, ba a sa shi a intanet ba, ba a kuma sake shi a wajen ƙasarsa ba. Haskawa a gida kaɗai ba ta haramta shi a takarda, amma tana rage masa daraja, don kowane babban biki so yake a ce a wurinsa duniya ta fara gani. Tun 2018 kuma fim ɗin babbar gasa dole ya yarda zai fita a sinimomin Faransa, abin da ya raba su da Netflix ke nan.

Farkon haskawa harsashi ɗaya ne, don haka ana bin kalanda: Sundance a Janairu, Berlin a Fabrairu, Cannes a Mayu, Locarno a Agusta, Venice a ƙarshen Agusta zuwa Satumba, Toronto a Satumba. Ana rufe karɓa watanni kafin nan, na Cannes wajen Maris, na Berlin tun kafin ƙarshen shekara. Daga sama ake farawa a gangaro. Wanda ya yi zumuɗi ya ba wani ƙaramin biki saboda sun fara amsa masa, ya rufe wa kansa manyan. Ka kuma sani Quinzaine da Semaine de la Critique masu zaman kansu ne duk da a Cannes ake yin su lokaci guda, kowanne da fom ɗinsa da masu zaɓensa, Semaine kuma fim na farko ko na biyu kawai take ɗauka.

Badamagare:

Duk abin da aka faɗa daidai ne, sai dai kada a sa wa Ɗan Fagge Cannes a ido har ya manta da abin da ke kusa. Mu a Nijar hanyar ba sabuwa ba ce. *Cabascabo* na Oumarou Ganda ya shiga Semaine de la Critique tun 1969, Ganda ɗin ne kuma ya fara cin babban kambun FESPACO, bikin fina-finan Afirka, da wani fim ɗinsa a 1972. Na kusa-kusa, *Zinder* na Aïcha Macky, wanda aka ɗauka a unguwar Kara-Kara, mutanen cikinsa da Hausa suke magana, haɗin gwiwa ne tsakanin Nijar da Faransa da Jamus, kuma a bikin Visions du Réel na Suwizalan ya fara fita a 2021. Harshe bai hana shi zagaya duniya ba. Fim ɗin gaskiya ma ya fi sauƙin shiga ga mai farawa: ma'aikata huɗu ko biyar sun isa, kasafin kaɗan ne, asusun da ke tallafa masa suna da yawa. 'Yan Chadi da Kamaru suna da ƙarin ƙofa ta asusun ƙasashe masu Faransanci, wadda 'yan Najeriya ba su da ita.

FESPACO duk shekara biyu ake yi a Wagadugu, a shekarun mara, babban kambunsa na zuwa da sefa miliyan 20, kuma ba ya hana fim ɗin da ya riga ya je Turai. Fim ɗin Najeriya *Mami Wata* ya fara da Sundance a Janairun 2023, bayan 'yan makonni ya zo Wagadugu ya ci kyaututtuka.

Abin da Hajiya ba ta lissafa ba shi ne kuɗin zuwa bikin kansa. Biki kan ɗauki nauyin darakta na 'yan kwanaki, wataƙila da jarumi ɗaya ko biyu. Sauran na furodusa ne: tikiti, masauki a garin da farashi ke ninkawa a makon, fosta, da jami'in hulɗa da 'yan jarida wanda shi kaɗai dubban yuro ne, kuma in babu shi masu sharhi ba za su shigo ɗakin ba. Ga biza. Cannes na sanar da zaɓinta a tsakiyar Afrilu, bikin kuma a Mayu, wata guda ke nan. A sa kowa ya sabunta fasfo tun ana tacewa, a nemi takardar gayyata daga bikin ranar da aka samu amsa, a kama layin ofishin jakadanci a ranar.

Hajiyar Lissafi:

Gaskiyarka, Badamagare, na tsallake wannan. A buɗe masa layi a kasafi tun ranar farko, a kuma rubuta a kwantiragin dillali nawa zai ɗauka daga ciki. Bayan babban biki, ƙanana kan biya kuɗin haskawa, 'yan ɗaruruwan yuro kowane nuni. Idan fim ya zaga wuri arba'in ko hamsin abin yana taruwa, amma ta hannun dillali yake bi, kuma da yawa rabi suke ɗauka a wannan ɓangaren maimakon la'adar da aka saba. A duba wannan sakin layin da kyau kafin a sa hannu, a kuma nemi rahoton ciniki a rubuce duk wata shida.